An ce "Staph" ne a takardar gwajin HVS ɗina, amma ƙaiƙayin ya ƙi tafiya

Tambaya: Assalamu alaikum likita. Ni matar aure ce a nan Kano, shekarata 27, shekara biyu da aure ban samu ciki ba. Na daɗe ina fama da ƙaiƙayin gaba da farin ruwa mai kauri, amma ba ya wari. Na je wani lab aka ba ni tsinke mai auduga na shiga banɗaki na ɗebo da kaina. Sakamakon ya fito kamar haka: Pus cells 2-4, Epithelial cells ++, Yeast cells ++, T. vaginalis not seen. A ƙasa kuma an rubuta Staphylococcus aureus, moderate growth, da jerin magunguna. Mai kemis ya yi mini allurai na kwana biyar ya haɗa mini da ƙwayoyi, amma ƙaiƙayin sai ƙaruwa ya yi. An ce wannan Staph ɗin ne yake hana ni haihuwa. Don Allah a yi mini bayani.

Amsa: Wa alaikumus salam. Sannu 'yar'uwa, Allah ya ba ki lafiya. Zan fara da abin da ya fi tsaya miki a rai: a cikin takardar nan babu abin da ke nuna dalilin rashin samun cikinki. Kuma bisa yadda kika kwatanta, abin da ke sa ki ƙaiƙayi ba Staph ɗin da kowa ya zuba wa ido ba ne. Layin da aka tsallake ne, wato Yeast cells. Alluran da aka yi miki ba sa taɓa shi, hasali ma daɗin su yake ji, shi ya sa kika ga abin ya ƙaru. Kina buƙatar likita ko ungozoma ta duba ki ido da ido, amma ina so ki je kina sane da abin da ke hannunki.

Da yawa daga cikinmu mun taso da tunanin cewa gaban mace mai tsafta wuri ne da babu ƙwayar halitta ko ɗaya a cikinsa, saboda haka duk sunan da lab ya rubuto cuta ce. Ba haka ba ne. Daga lokacin da yarinya ta balaga, akwai miliyoyin bakteriya masu amfani da ke zaune a wurin, mafi yawansu irin da ake kira Laktobasilus. Wani likitan mata ɗan ƙasar Jamus, Albert Döderlein, shi ya bayyana su tun 1892, kuma dangi ne da waɗanda ke sa madara ta yi tsami ta koma kindirmo. Suna cin sukarin da fatar ciki ke ajiyewa su mayar da shi ruwan tsami, sai ma'aunin tsamin wurin, wanda ake ce wa pH, ya tsaya tsakanin 3.8 da 4.5. A cikin wannan tsami yawancin miyagun ƙwayoyi ba sa iya yaɗuwa. Ki ɗauke su kamar 'yan sintirin unguwa: suna nan ba ka cika sanin amfaninsu ba, ranar da aka kore su a ranar ɓarayi ke samun ƙofa. Sannan farin ruwa shi ma ba kullum ne alamar ciwo ba. Mace lafiyayya tana ganin ruwa garai-garai ko fari-fari marar wari, yakan yi yauƙi ya ƙaru a tsakiyar wata lokacin sakin ƙwai, ya kuma ƙaru idan tana da juna biyu.

Takardar HVS, wato gwajin ruwan da ake ɗebowa da auduga daga can cikin gaba, kashi biyu ce. Na sama shi ne abin da ma'aikacin lab ya gani da idonsa lokacin da ya shafa ruwan a kan gilashi ya duba da madubin hangen ƙananan halittu. Na ƙasa kuma abin da ya tsiro ne bayan an shuka ruwan a faranti an ajiye shi a ɗumi. Wannan shukar tana cin kwana biyu zuwa uku kafin a san me ya tsiro da kuma maganin da ke kashe shi. Duk wanda ya karɓi audugarki da safe ya miƙo miki sunan bakteriya da jerin magunguna da azahar, to ba shuka ya yi ba.

Epithelial cells ƙwayoyin fatar cikin gaba ne da ke saɓulewa kullum, ganin su ba komai ba ne. Pus cells kuma fararen ƙwayoyin jini ne, masu zuwa inda jiki ke faɗa da wani abu. Kalmar tana tsorata mata don sun ji an ce mugunya, amma biyu zuwa huɗu a fili guda na madubi abu ne da ake samu a jikin mai lafiya. Inda muke ɗaga gira shi ne idan sun haura goma, ko suka fi ƙwayoyin fata yawa, ko aka rubuta numerous, wato suna da yawa sosai. Naki ba su kai nan ba, kuma wannan kaɗai ya isa ya sa a yi shakkar cewa wata bakteriya ce ke cin ki.

Yanzu Yeast cells. Wannan ba bakteriya ba ce, wani nau'in fangas ne mai suna Kandida, mafi yawa Candida albicans. Alamominta su ne dai waɗanda kika lissafa: ƙaiƙayi mai hana sukuni, farin ruwa guda-guda mai kauri, ba wari, wani lokaci da raɗaɗi wajen fitsari ko saduwa, fatar waje ta yi ja har ta tsattsage saboda susa. Kusan mata uku cikin huɗu za su gamu da ita aƙalla sau ɗaya a rayuwarsu, har da 'yan matan da ba su taɓa aure ba. Ba cutar saduwa ba ce, kuma ba a masai ake ɗaukar ta ba, duk da sunan "toilet infection" da ya kama bakin mutane. Tana zaune a jikin mata da dama salin-alin ba ta damun su. Wadda aka ga yis a gwajinta alhali ba ta da ƙaiƙayi ba ta buƙatar magani. Abin da ke ba ta damar yaɗuwa shi ne juna biyu, ciwon siga, raunin garkuwar jiki, zama da jiƙaƙƙen kamfai na roba a zafin Kano, sannan babban cikinsu, shan antibayotik. Antibayotik yana kashe Laktobasilus, ba ya kashe yis. Kwana biyar ana yi miki allura ana share mata fili.

Maganinta mai sauƙi ne kuma ba shi da tsada: clotrimazole na matsawa a gaba da daddare, haɗe da man shafawa a waje, ko ƙwayar fluconazole mai miligiram 150 guda ɗaya. Sai dai ke da kike neman ciki, ki kula da wannan: ba a son mai juna biyu ta sha fluconazole, ita na matsawa ake ba ta na kwana bakwai. Idan al'adarki ta yi jinkiri ko da kwana kaɗan ne, ki yi gwajin ciki kafin ki haɗiyi komai. Maigida ba ya buƙatar magani sai in shi ma yana da ƙaiƙayi ko ja a gabansa. Idan kuma abin yana dawowa sau uku ko huɗu a shekara, a daina maimaita magani a makance, a auna sukarin jininki da garkuwar jiki, a kuma tantance wace irin Kandida ce, don akwai irinsu Candida glabrata da ba sa jin fluconazole sosai. Na sha ganin matan da ta hanyar wannan ƙaiƙayin aka gano suna da ciwon siga.

Sai Staph ɗin, wanda shi ne ya fi cin kuɗin mata a garin nan. Staphylococcus aureus bakteriya ce da ke zama a fatar mutum da cikin hanci. Kusan mutum ɗaya cikin uku yana ɗauke da ita a hancinsa yana harkokinsa lafiya lau. Ki tuna yadda aka ɗauki gwajinki: kin shiga banɗaki, kin buɗe tsinken da hannunki, kin tura shi ba tare da kina gani ba. Kafin audugar ta shiga ciki ta gogi fatar waje, da za ta fito ta sake gogar ta. Staph kuwa tana da saurin tsiro a faranti, alhali Laktobasilus ba ta son irin farantin da ake amfani da shi, ƙwayoyin da ke kawo ruwa mai ƙarni kuma yawancinsu ba sa tsira a inda iska take. Saboda haka abin da ya tsiro a faranti sau da yawa shi ne wanda ya fi saurin tsira, ba lallai wanda ke sa ki ciwo ba. Haka zancen yake idan aka rubuta E. coli, wadda gidanta hanji ne kuma maƙwabciya ce ta kusa.

Ban ce Staph ba ta cutarwa ba. Ita ce ke kawo maruru, tana sa ɗinkin haihuwa ko na tiyata ya ruɓe, tana sa nonon mai shayarwa ya kumbura ya yi mugunya, kuma idan ta shiga jini abu ne na kwanciya asibiti. A gaba ma akwai lokacin da muke ɗaukar ta da muhimmanci: idan wurin ya yi ja yana zafi, ruwan ya zama rawaya, pus cells suka cika fili, Laktobasilus suka ɓace, ko mace tana cikin jego da zazzaɓi. Amma mace tana tafiya da ƙafarta, ba zazzaɓi, pus cells biyu zuwa huɗu, a ce Staph ta zagaye mata jini tana sa ta jin motsi a jiki tana cinye mata ƙwai, wannan ba shi da tushe a ilimin likitanci. Masu tallar magani da lasifika a bakin kasuwa da gidajen rediyo sun mayar da sunan abin tsoro, kuma takaicina shi ne mace ta sayar da ɗan kunnenta ta sayi jarkar magani a kan abin da ba shi ne damuwarta ba.

Jerin magungunan da ke ƙasan takarda shi ne ke ruɗar masu kemis. Ana ɗora 'yan ƙananan takardu masu ɗauke da magani a kan farantin, a ga wanne ya hana ƙwayar tsira a kewayensa. Wanda ya hana a rubuta S ko a jera masa alamar tarawa, wanda ya kasa a rubuta R. Abin da jerin ke cewa kawai shi ne, in da za a yaƙi wannan ƙwayar, ga abin da zai kashe ta. Bai ce a yaƙe ta ba. Mai kemis sai ya ɗauki wanda ya fi yawan alama ya fara zuba allura. Waɗannan magunguna kuwa ba ruwan sha ba ne. Gentamicin na iya taɓa ƙoda da ji, ciprofloxacin da doxycycline ba a ba mai ciki, ceftriaxone kuma shi muke dogaro da shi a manyan cututtuka, kullum aka yi wasa da shi ƙwayoyin cuta na ƙara koyon yadda za su bijire masa.

Akwai abu biyu da takardarki ba ta nuna ba amma ya kamata ki san su, don su da Kandida su ne manyan dalilai uku na canjin ruwan gaba. Na farko shi ne rikicewar bakteriyar gaba, wadda likitoci ke taƙaitawa da BV. A nan Laktobasilus ne ke raguwa, wasu irin su Gardnerella su mamaye wurin. Ruwan tsararo ne, fari-fari ko toka-toka, mai ƙarni irin na kifi, ƙarnin ya fi tashi bayan saduwa ko bayan al'ada, kuma ƙaiƙayi bai cika yawa ba. A takarda za ki ga an rubuta clue cells, wato ƙwayoyin fata da bakteriya ta lulluɓe, pH ya haura 4.5, ko kuma a ba da makin Nugent, ma'aunin da aka fito da shi a 1991: daga 0 zuwa 3 lafiya, 4 zuwa 6 tsaka-tsaki, 7 zuwa 10 BV ce. Maganinta metronidazole, wanda aka fi sani da Flagyl, sau biyu a rana na kwana bakwai. Tana da naci, fiye da rabin mata takan dawo musu cikin shekara guda, kuma ga mai ciki tana ƙara haɗarin haihuwar bakwaini. Wani bincike da aka yi a Ostireliya aka buga a 2025 ya nuna cewa idan aka haɗa da mijin a magani, dawowar tana raguwa sosai.

Babban abin da ke jawo BV a wajenmu shi ne abin da mata ke yi da sunan tsafta da gyara. Tura yatsa da sabulu a wanke ciki, zama a ruwan zafi da gishiri ko Dettol, matsin miski, alimun, zuma, tafarnuwa, da haɗe-haɗen da ake sayarwa a gidajen biki ba a san me ke ciki ba. Na san da kyakkyawar niyya ake yi, mace na son ta burge mijinta. Amma ciki yana wanke kansa da kansa, ruwan da kike gani shi ne wankin. Tsarki da ruwa zalla daga waje, daga gaba zuwa baya, ya wadatar. Abin tausayin shi ne mace ta ji ƙarni ta ƙara ƙaimi wajen wanki da matsi, wankin ya ƙara kashe masu kare ta, ƙarnin ya ƙaru.

Na biyu shi ne Trichomonas vaginalis, wanda aka rubuta miki not seen. Wata 'yar halitta ce mai jela da ke iyo a cikin ruwa, kuma ita ta hanyar saduwa ake ɗaukar ta. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ƙiyasta sababbin kamuwa miliyan 156 a shekarar 2020 kaɗai. Tana kawo ruwa mai kumfa, rawaya ko kore-kore, da wari da raɗaɗi. Ana gane ta ne da motsinta a ƙarƙashin madubi, kuma motsin yana mutuwa cikin ɗan lokaci bayan an ɗebo ruwan. Audugar da aka ɗauka a Kurna aka saka a jaka aka hau adaidaita sahu cikin rana zuwa wani lab a cikin gari, kafin ta isa ta bushe. Ko a yanayi mai kyau, duban madubi yana kama kusan rabi ne zuwa kashi biyu cikin uku. Saboda haka not seen na nufin ba a gani ba, ba ya nufin babu. Alamominki dai ba su yi kama da ita ba. Ga wadda aka samu tana da ita, dole a yi wa maigida magani ko da ba ya jin komai, in akwai abokan zama su ma duka a lokaci guda, a kuma dakata da saduwa har kowa ya gama. In ba haka ba za ta yi ta zagaye a gidan. Tana iya daɗewa a jiki watanni ko fiye ba alama, don haka ganin ta ba hujja ba ce ta tayar da rigima a kan wa ya kawo.

Mu dawo kan haihuwa. Manyan cututtukan da aka tabbatar suna toshe hanyar ƙwai su ne kilamidiya da gonoriya, waɗanda ake ɗauka ta hanyar saduwa, kuma abin da nake so ki riƙe shi ne gwajin HVS na yau da kullum bai cika kama su ba. Su a bakin mahaifa suke zama. Gonoriya tana buƙatar a ɗebo daga bakin mahaifa a shuka a faranti na musamman, kilamidiya kuwa ba ta tsira a faranti irin wannan ko kaɗan, sai da gwajin da ke neman ƙwayar halittarta, irin su PCR. Yawancin matan da ke ɗauke da kilamidiya ba sa jin komai, tana haurawa sama a hankali ta kumbura bututun ƙwai ta bar tabo. Mace na iya riƙe takarda mai cewa normal flora ko no significant growth, wato ba a ga abin damuwa ba, alhali tana da ita, wata kuma ta yi shekara tana yaƙi da Staph ba a taɓa neman ainihin abin ba. Ga wadda ta taso a ƙauyen da ake wanka da wanki a rafi ko madatsar ruwa, kamar yankunan noman rani na Kura da Kadawa, ina ƙara tambayar tsargiya, don tana iya taɓa mahaifa da bakinta ta yi kama da ciwon sanyi, kuma maganinta daban ne.

Shekara biyu da aure ba ciki ya isa a fara bincike na gaskiya. Ƙa'ida ita ce shekara guda, ko wata shida ga wadda ta haura 35. Binciken na mutum biyu ne. Za a duba ko kina sakin ƙwai, a yi hoton mahaifa, a yi gwajin HSG don ganin ko bututun a buɗe suke, shi kuma maigida a auna maniyyinsa. Gwajinsa shi ne mafi sauƙi da araha a cikinsu, kuma a kusan rabin ma'auratan da ke fama da jinkirin haihuwa akwai matsala ta ɓangaren namiji, ita kaɗai ko haɗe da ta matar. Ki samu lokacin da yake cikin nishaɗi ki roƙe shi ku je tare. Akwai sashen mata a Asibitin Koyarwa na Malam Aminu Kano, da Asibitin Murtala, da Asibitin Muhammadu Abdullahi Wase da ke Nasarawa.

Idan za a sake ɗaukar gwajin, a bar ma'aikaciyar lafiya ta ɗauka da ƙarfen buɗawa, ta ga bangon da bakin mahaifa da idonta, ta ɗebo daga can ciki. Wannan duban shi kansa rabin ganewa ne. Kina da damar ki nemi mace ce za ta duba ki. Kada ki je kina al'ada, ki bar saduwa da matsi da wanke ciki na kwana biyu kafin nan, ki kuma faɗa musu ranar da aka yi miki allurar ƙarshe, domin antibayotik yana ɓata sakamako. Ki tafi da wannan takardar da kwalayen duk abin da kika sha. Budurwa ba a sa mata ƙarfe, akwai yadda ake ɗauka daga baki-baki. Mai juna biyu kuma idan ta ga an rubuta Group B Streptococcus ta nuna a wajen awo, don ita ba ta cika damun uwa ba amma tana iya kama jariri, kuma ana ba da maganinta ne lokacin naƙuda. HVS kuma ba shi ne gwajin kansar bakin mahaifa ba, wancan daban ake yin sa, kuma a shekarunki ya kamata ki tambaya a yi miki.

Kafin ki samu ganin likita, ki dakatar da sauran ƙwayoyin kemis ɗin, ki daina sa sabulu a wurin, ki sa kamfai na auduga ki riƙa canzawa idan ya jiƙe da gumi. Amma in kika ji ciwon mara mai tsanani, ko zazzaɓi, ko zafi can ciki lokacin saduwa, ko kika ga jini bayan saduwa ko tsakanin al'ada, ko ƙuraje da gyambo a gaba, kada ki jira ranar asibitin mata, ki tafi a ranar.